Shuni a Farin Tuta

Shekara talatin da ɗaya na yi ina koya wa yara ma'anar launukan tutarmu, ban taɓa yin kuskure a ciki ba, don ba ni na ƙirƙiro ta ba, a littafi take. Ruwan goron da ke sama hamada ce, wato arewa. Tsanwan da ke ƙasa gonaki ne, wato kudu. Farin tsakiya tsarkin zuciya, ƙwallon da ke cikinsa kuma rana. Yara su maimaita, in ba su maki. Littafin dai bai faɗi wanda zai sauko da ita in iska ta taso ba, bai kuma faɗi inda za a ajiye ta ɓera bai ci ba. Waɗannan a Arlit na koye su, wurin mutumin da bai taɓa zama a aji ba.

Ni 'yar Damagaram ce. Sunan da kakata ta sa mini, 'Yargata, shi ya bi ni har lakwal, wato makaranta, aka koma ce mini Madam 'Yargata. An turo ni Arlit a shekarar saba'in da tara, lokacin da iraniyom ke da kuɗi, motocin kamfani ke kwasar ma'aikata tun da sassafe suna cike maƙil, a kantin unguwar manyan ma'aikata kuwa har tuffa ake sayarwa, a tsakiyar hamada. Zuwa tasa'in da uku farashi ya faɗi, an sallami mutane da yawa, motocin nan suna wucewa rabi babu kowa. Ga tawaye a duwatsu. Hanyar Agadas ba a binta sai cikin ayari, soja gaba soja baya.

Maigadin lakwal ɗinmu sunansa Ghissa, Ba'abzine ne daga wajen Dannet. Farin tamanin da huɗu ne ya kawo shi gari. Raƙumansa sun mutu ɗaya bayan ɗaya, ya sayar da ukun da suka rage, ya sayar da sirdi, ya sayar da takobi, ya zo da matarsa Tekna suka kafa bukka a Bukkoki, unguwar da ake gini da kwali da buɗaɗɗen tano, wato gangar ƙarfe. Aikinsa tsaron ƙofa da ban ruwan bishiyoyi biyar. Ɗaga tuta ba ya cikin aikinsa, shi ya ɗora wa kansa, don ya ga yaran da nake sawa suna fizgar igiya kamar masu ja da jaki. Kowace safiya, takwas saura kwata, zai tsaya gindin sanda da rawaninsa, amawali ya rufe masa hanci da baki, ya ja igiya a hankali har yara su gama taken ƙasa daidai da isar tuta sama. Shekara takwas bai taɓa riga su ba, ba su taɓa riga shi ba.

Tutar kuwa ta tsufa. Rana da iskar Arlit ba sa barin ƙyalle. Ruwan goron ya koɗe ya koma kamar koko, tsanwan ya koma kamar miyar kukar da ta kwana, bakinta duk ya zare. A watan Janairu ofishin sufeto ya aiko mana da sabuwa, da umarnin a adana ta sai ranar biki ko zuwan wani babba. Na duba kabad ɗin ofishina, inda ɓeraye suka riga suka cinye taswirar ƙasa tun daga Bilma har Tafkin Cadi, na rasa yadda zan yi.

Ghissa ya ce, "Madam, ba ni shi. A gidana ɓera ba ya samun abin ci, ba ya zuwa."

Na ba shi. Ban rubuta ko'ina ba, ban gaya wa kowa ba, na ma manta.

Ranar wata Talata cikin Afrilu na iso lakwal na tarar da yara a layi, sanda tsirara, babu Ghissa. Tekna ce tsaye a bakin ƙofa, ta ja mayafinta har goshi. Ba ta taɓa zuwa lakwal ba sai ranar.

"Madam, sun tafi da uban Intala." Ghissa take nufi, Intala ɗansu ne.

"Su wa?"

"Soja. Bayan sallar asuba. Sun shiga bukka-bukka suna neman bindiga. Wurinmu ba bindiga, sai suka buɗe jaka, suka ga tuta. Suka ce ya rina shi, ya mai da shi na 'yan tawaye."

"Ya rina ta?"

"Haka suka ce. Yau ayari zai tashi bayan azahar, sun ce da shi za a tafi Agadas."

Kowa a Arlit ya san abin da wannan ke nufi a wannan shekarar. Wanda aka sa a motar soja ta ayarin, iyalinsa sukan yi watanni ba su san inda yake ba, Ghissa kuwa ya haura sittin, ga tari da ba ya barinsa.

Na kira mataimakina, Mushe Fatahu (malami namiji mushe muke ce masa, daga Faransanci), mutumin Tawa, na ce ya riƙe lakwal. Ya jawo ni gefe, ya rage murya.

"Madam, saura miki shekara ɗaya ki ajiye aiki lafiya. Kada ki sa kanki. Mutanen nan ba a sanin cikinsu."

"Naka cikin na sani, Mushe?"

"Ni dai na faɗa. Ɗansa ma ai an ce yana can duwatsu."

"An ce. Sa yara su yi take su shiga aji."

"Ba tuta?"

"Tsohuwar tana ɗakin maigadi. In kana iya ɗaura igiya, bismilla."

Ban wuce sansanin soja kai tsaye ba. Na daɗe da sanin cewa wanda ya je gaban hukuma da hawaye kaɗai, da hawayensa zai dawo. Na bi Tekna zuwa Bukkoki don in ga abin da suka gani.

Bukkar tana yadda suka bar ta, tabarmi a birkice, butar shayi a kife. Jakar fata mai ado tana yashe a ƙasa, irin wadda matan Abzin ke yi, ta tsufa har jan jikinta ya yi duhu. Kusa da ita ga wani ƙunshi a cikin takarda mai ruwan ƙasa da ta yayyage, Tekna ta riga ta ɗauke shi ta ɗora kan gado. Na buɗe gefen takardar. Rawani ne ɗan Kura, turkuɗi na ainihi, wanda aka buga da shuni har yana ƙyalli kamar bayan ƙwaro. Abzinawa alasho suke ce masa. Na taɓa shi da yatsa biyu, na duba yatsuna. Sun yi shuɗi.

"A nan tutar take?"

"Tare suke. Takarda ya tsufa, ya yage, sai ya naɗe shi da tuta, ya mai da su jaka."

"Tun yaushe?"

"Tun ranar da kin ba shi."

Wata uku ke nan, cikin jakar fata, a bukkar tano, ga zafin bazara. Na zauna bakin gado. Duk wanda ya tashi a Damagaram ya san ɗan Kura yana zuba. Ba a wanke shi, ba a barinsa a rana, ba a sa shi sai ranar salla ko biki, in an cire a naɗe a mayar. Mai shi yakan wuni da shuɗin goshi yana taƙama.

Na ce, "Tekna, ba ni rawanin nan in kai musu."

Ta ɗauke shi ta rungume. "A'a."

"Shi ne shaidarmu."

"Na Intala ne."

Na san labarin sama-sama, ranar ta cika mini shi. Ghissa ya sayi rawanin ne tun yana da raƙuma, don ranar da za a naɗa wa ɗansu Intala rawanin farko, ranar da yaro ke zama namiji a wurinsu. Fari ya zo, aka ɗaga bikin. Suka sayar da komai, har azurfar Tekna, ban da wannan. A tamanin da bakwai Intala ya bi mota zuwa Libiya neman aiki, kansa ba rawani, tun daga nan ba wasiƙa ba saƙo.

"In suka riƙe shi fa?" in ji ta. "Soja in ya ga abu mai kyau."

"In ban kai ba, tsohon za su riƙe. Zaɓi."

Ta yi ta shafa takardar. Can ta miƙe, ta cusa ƙunshin cikin mayafinta.

"Ni zan ɗauka. Ke hannunki duk alli."

Sansanin yana bakin gari, inda hanyar Agadas ta fara. Motocin ayari sun riga sun jeru, kamyon kamfani masu ɗaukar kaya, tankokin mai, motocin 'yan kasuwa, direbobi na kwance a ƙarƙashi suna jiran a ce a tashi. Sojan bakin ƙofa ya ce ajidan, shugaban sansanin, ba ya ganin kowa. Na ciro Faransancin da nake ajiye wa sufeto, na gaya masa ni ce direktiris, shugabar lakwal, kayan gwamnati da ke hannuna aka ɗauka ba takarda, ina son sunansa da lambarsa don rahotona. Yaro ne, bai fi shekara ashirin ba. Ya shiga ya fito ya ce in jira. Muka jira a rana har inuwar katanga ta janye ta bar mu.

Da aka shigar da mu, a tsakar sansanin na ga mutum bakwai zaune a inuwar wata babbar mota. An cire musu rawuna. Na duba ban gane Ghissa ba, sai da na ga wani tsoho mai furfura ya ja wuyan rigarsa ya rufe baki da shi, ya sunkuyar da kai. Shekara takwas muna gaisawa kullum, ban taɓa ganin haɓarsa ba. Na kau da ido kamar na shiga wa mutum banɗaki. Tekna ma ba ta duba ba.

Ajidan Rabi'u mutum ne siriri, bai kai arba'in ba, idanunsa ja na rashin barci. Na riga na ji labarinsa a gari: ɗan soja ne, a barikin Yamai aka haife shi, kuma kwana goma da suka wuce an kashe masa yaransa soja biyu a hanya. Fanka na juyawa a samansa tana turo iskar zafi. A gefe wani kaporal, wato kofur, na zaune gaban keken rubutu. Tutar tana shimfiɗe a kan tebur.

Gaskiya ta ɓaci. Layukan shuɗi sun ratsa ta tsaye da kwance, duk inda aka ninka. A tsakiya farin ya koma kamar sararin sama, rabin ƙwallon rana ya yi duhu.

Ya ce Tekna ta tsaya waje. Bai ce in zauna ba, na zauna.

"Madam, tutar lakwal ɗinki ce wannan?"

"Ita ce."

"Me take yi a bukkar Buzu?"

"Ni na ba shi ya ajiye."

Kaporal ya daina buga keke. Ajidan ya dube ni sosai.

"Kin san abin da kike faɗa? Kayan gwamnati, a wannan lokaci, a Bukkoki."

"Na sani. A ofishina ɓeraye ne, sun riga sun ci rabin ƙasar a taswira. Na ga gara in ba mutum."

"Kin ba shi ya rina."

"Bai rina ba."

"Madam, ina da ido." Ya buga tebur da yatsa. "An gaya mana mutanen duwatsu suna da tasu tutar, da shuɗi a ciki. Yau na tarar da tutar ƙasa a ɓoye cikin jaka, an mai da farinta shuɗi, har yana kama hannun yarana, alamar ɗanye ne. Ɗan mutumin kuma shekara shida ba a san inda yake ba. Ke a wurina me za ki ce?"

"Zan ce a duba da kyau. Ka taɓa zuwa marina, Ajidan?"

"Ban zo Arlit koyon rini ba."

"Mai rini tsomawa yake yi, ƙyalle ya sha ko'ina. Wa ya taɓa rini layi-layi kamar takardar rubutun 'yan aji ɗaya? Dubi nan, dubi nan. Inda aka ninka ne kawai, da inda ya kwanta a jikin wani abu."

"Wane abu?"

"Yana waje, a hannun matarsa. Yaranka sun gan shi, suka jefar."

Ya duba agogo. A waje an fara tayar da injuna ɗaya-ɗaya, direbobi suna gwada motoci. Ya yi wa kaporal alama da kai, aka shigo da Tekna.

Ba ta son ba shi. Ta tsaya da ƙunshin a ƙirji sai da na kira sunanta sau biyu, sannan ta ajiye a kan tebur, ta buɗe takardar da kanta, ta ja baya taku ɗaya kawai. Ajidan ya ɗaga rawanin, ya juya shi, ya warware ninki biyu yana duba ko an ɓoye wani abu a ciki. Ba komai sai ƙamshin turaren wuta da na tsohuwar fata. Ya ajiye. Zufa na zubo masa, ya sa tafin hannu ya share goshi, ya shafa a gaban rigarsa.

Kaporal ya yi tari, ya sunkuya yana neman wani abu a ƙarƙashin keken rubutu.

Na buɗe jakata na ciro ɗan madubin da nake duba ɗankwalina da shi, na ajiye a gaban ajidan. Ya duba tafin hannunsa tukuna. Sannan rigarsa, inda yatsu huɗu suka fito sarai a kan kakin gwamnati. Sannan ya ɗauki madubin.

A nan na tsorata, ba zan ɓoye ba. Na yi shekaru ina gaya wa sababbin malamai kada su kunyata yaro gaban 'yan ajinsu, ga shi na yi wa mai bindiga gaban kaporal ɗinsa. In ya ga dama ya ce mu fita, ayari ya tashi da mutum bakwai, ba wanda zai tambaye shi.

Ya daɗe yana kallon madubin. Da ya yi magana, muryarsa ta sauka.

"Kakata ta wajen uwa, a Madawa, tana da zane irin wannan. Ranar salla in ta ɗauke mu, mu koma gida da shuɗin kumatu, uwarmu ta yi ta faɗa." Ya ajiye madubin. "Na manta. Kaporal, kawo tsohon."

Ghissa ya shigo yana riƙe da wuyan riga a bakinsa. Idonsa ya fara sauka kan rawanin da ke buɗe a tebur, sannan kan Tekna. Ta kau da kai. Ni bai dube ni ba sam.

"Tsoho, kai ka sa tutar nan cikin jaka ɗaya da rawani?"

"Ni ne."

"Don me?"

Ghissa ya dube shi kamar wanda aka tambaya don me ake shan ruwa.

"Wurin kaya mai kyau ɗaya ne a gidana."

"Ba ka san zai zuba ba?"

"Na sani yana zuba a jiki. Na ce ƙyallen gwamnati ne, ya fi ƙarfinsa."

"To ga shi ka ɓata ta."

"Shuni ba datti ba ne, Ajidan. Wurinmu in an ga shi a jikin mutum, an san ya sa abin kirki." Ya ɗago ido ya dubi goshin ajidan, da gaske yake, ba wasa a muryarsa. "Kai ma ya karɓe ka."

Kaporal ya tashi da sauri ya fita, muka ji shi a bayan taga yana fama da tarinsa. Ajidan bai yi dariya ba, amma na ga gefen bakinsa ya motsa. Ya ciro hankici ya goga goshi, abin ya ƙara bajewa.

"Ɗanka yana ina?"

"Allah ya sani. In ka gan shi kafin ni, ka ce rawaninsa yana nan."

Ajidan ya jawo wata takarda daga ƙarƙashin tutar, sunaye bakwai da aka buga da keke. Ya dube ta, ya dube ni.

"Na riga na gaya wa Agadas bakwai ne."

"Ni kullum sai na tarar da wanda ya rubuta bakwai inda ya kamata shida." Na ciro jan birona na miƙa masa. "Ba a korar yaro don wannan. Gyarawa ake yi."

Ya karɓa. Ya riƙe shi a sama har ladan ya fara kiran azahar a waje. Sannan ya ja layi a kan suna na biyar, ya rubuta wani abu a gefe, ya sa hannu.

Bai bar ni haka ba. Ya sa kaporal ya buga takarda cewa ni, direktiris, na fitar da tutar gwamnati daga lakwal ba da izni ba, na sa hannu a kwafi uku. Ya ce ɗaya za ta je wurin sufeto, na ce ya gaishe shi. Ya ce gobe da safe yana son ganin tutar nan a kan sanda, ba tsumman da muke ratayawa ba, kuma shi da kansa zai biyo ya duba.

"A wanke ta tukuna," in ji shi.

Ghissa ya ce, "In an sa ruwa, duka zai zama shuɗi."

Ajidan ya dube ni, na ce gaskiya ne. Ya ɗaga hannu kamar mai korar ƙuda. "Ku rataya ta haka."

Na miƙe, amma na kasa fita. Na ce, "Sauran shidan fa?"

"Madam, tuta ɗaya kika zo nema." Ya miƙo mini birona. "Kada ki sa in sake duba takardar nan."

Na karɓa na fita. Har yau ina tuna wannan fitar, ba na kuma yaba wa kaina a kanta. Cikin shidan na san ɗaya, Akoli, direban da ke kawo mana ruwa. Ya dawo bayan wata bakwai. Wasu uku na ji labarin dawowarsu, biyu ban sani ba.

An samo wa Ghissa rawaninsa na kullum a bayan mota, fari ne da ya sha jiki. Ya juya mana baya, ya fuskanci katanga, ya naɗa shi a tsanake kamar ba ayarin da ke shirin tashi, ya ja amawali har ƙarƙashin ido. Da ya juyo sai ga Ghissan da na sani. Sai a lokacin ya gaishe ni.

"Madam, ina wuni. Wa ya ba itace ruwa?"

"Ba wanda ya ba su."

Ya girgiza kai.

Mun fito ƙofa ke nan motar farko ta ayari ta ɗaga. Muka tsaya gefen hanya har suka wuce duka. Na zauna kan wani dutse. Tekna ta tsuguna kusa da ni, ta buɗe ƙunshinta tana duba rawanin ninki-ninki.

"Dubi inda ya danna da yatsa. Ƙyallin ya tafi a nan."

"Tekna, mijinki na tsaye a gabanki."

"Na gan shi. Shi ba abin da ya same shi." Ta ci gaba da shafa wurin da gefen mayafi. "Kina da takarda mai kauri a lakwal? Wannan ya mutu."

Da yamma na aika mata da abin da ɓeraye suka rage na taswira. Takarda ce mai kyau, da ƙyalle a bayanta.

Washegari takwas saura kwata Ghissa na gindin sanda. Yara suka fara take, tuta ta hau, iska ta buɗe ta, layukan shuɗi suka fito a fili. Wata motar soja ta rage gudu a bakin ƙofa, ta ɗan tsaya, ta wuce. Da aka gama, wata yarinya 'yar aji huɗu ta ɗaga hannu daga cikin layi.

"Madam, shuɗin kuma me yake nufi?"

Mushe Fatahu, wanda jiya bai iya ɗaura igiya ba sai da yara suka taya shi, ya gyara murya. "Shuɗi, yara, yana nuna ruwan kogin Kwara, wanda ya haɗa..."

"Shuni ne," na ce. "Na rawanin Baba Ghissa. Sun kwana jaka ɗaya, ya zuba. Ku shiga aji."

Takardar faɗa daga sufeto ta iso bayan sati uku, shafi ɗaya da rabi, da kuskuren rubutu biyu. Tana nan cikin akwatina. Kafin ta iso ma rana ta fara aikinta, zuwa ƙarshen Mayu sai ka matso kusa za ka ga alamar layukan, ruwan goron ma ya fara bin su. Ghissa yakan tsaya bayan an shiga aji, ya ɗaga kai ya dube ta, ya ce mini wata biyu ya ba ta ta zama tsumma, abu mai kyau ba a barinsa a rana. Na ce umarnin ajidan ne. Ya ce ya sani, ya ɗauki bokitinsa ya nufi wajen bishiyoyi.